Macijin Ofishin Mista Pam

Yaran da ke zuwa shagona yanzu suna ba ni haushi, gara in faɗa tun farko. Yaro zai shigo da laftof a hammata, ya ce gem, wato wasan kwamfuta, ya cinye masa wuri, yana so a nemo inda ya zauna a cire. Kafin in laluba tabarau, abokinsa ya fizge laftof ɗin, ya rubuta suna a ɗan akwatin nema, ya danna, ya ce, "Baba, ka gani? Wannan ma aiki ne?" Su yi dariya su fita. Bayan kwana biyu sai ga su, wai sun goge amma wurin bai dawo ba, ko kuma sun goge abin da ba shi ba, na'ura ta ƙi tashi. A lokacin ne ake tunawa da Baba Ayuba.

Su nake rubuta wa wannan. Ban yi boko mai nisa ba, a firamare na tsaya, saboda haka wanda yake neman Hausar malamai ya nemi malamai.

Ni da tafireta na fara. A shagon Oga Fidelis na yi koyo, a Kakuri, wajen layin masu gyaran rediyo. Na daɗe ban taɓa sukudireba ba. Aikina wanke haruffan tafireta da kananzir da tsohon burushin haƙori, in busa, in goge, in jera. Idan ya ga tawada ta saura a cikin harafi guda, sai ya juye min tiren gaba ɗaya a ƙasa, in sake. Mutum ne mai faɗa, amma hannunsa na da kyau. Da kwamfuta ta fara shigowa ofisoshin masana'antu, can wajen ƙarshen shekarun tamanin, ya kalle ta ya ce, "Wannan ai tafireta ce aka ɗora mata talabijin a ka." Duk da haka ya tafi Legas ya yi ɗan kwas, ya dawo da wani littafi mai kauri da akwatin disket. Bai zaunar da ni ya koya min ba. A bayansa nake tsayawa ina kallon yatsunsa. Umarnin da ake bugawa na haddace su kamar waƙar coci ta Turanci, ina rerawa daidai ban san me take cewa ba. Daga baya ma'anar ta biyo.

Ku da kuke ganin aikin banza ne, bari in gaya muku yadda na'urar take. Allo baƙi ƙirin, rubutu kore, harafin C a gefe, da wani ɗan layi yana ƙyaftawa yana jiranka. Babu linzami, babu hoto, babu akwatin nema. Ba za ta ce maka ga gem nan ba. Kai za ka buga DIR ta zubo maka sunaye, su wuce da gudu kamar an buɗe famfo, sai ka koyi yadda ake tsayar da su shafi-shafi. Abin da kuke kira folda, ba ka ganinsa sai ka shiga da umarnin CD, ka duba, ka fito, ka shiga na gaba. Sunan fayil kuma ba ya wuce harafi takwas. Faifan cikinta gaba ɗaya ba zai ɗauki hotunan biki guda na wayarku ba, shi ya sa gem ƙanana kaɗan sun isa su toshe wa ofis numfashi.

Kayan aikina ba su da yawa. Sukudireba mai baki tauraro, mita, burushi, 'yar robar busa ƙura, auduga da sifirit na goge bakin da ke karanta disket. Sai disket ɗin tayar da na'ura da wani mai nuna abin da aka ɓoye. Waɗannan biyun a cikin gwangwanin biskit nake sa su, in naɗe da tsumma, in ɗaure a bayan keke daga unguwarmu ta Television zuwa Kakuri. Disket na lokacin faffaɗa ne, laushi gare shi. Rana ta buge shi, ya lanƙwashe. Ka ajiye shi kusa da lasifika, ya manta duk abin da ya sani. Na taɓa ganin sakatariyar da ta haɗa disket da takarda ta buga musu sitefula, don kar su rabu.

Wani aiki da na yi a Barnawa shi ya fara nuna min halin akawu. Ofishin masu awon fili ne, na'urarsu ta ce ta cika. Na duba, ban ga gem ko ɗaya ba, sai sunaye masu mutunci: taswira kaza, haraji kaza. Na ɗauki wanda aka rubuta wa sunan haraji na ga girmansa bai yi kama da takarda ba. Na buɗe cikinsa, shirme ya cika allo, na'ura tana ƙara, a tsakiyar shirmen sai ga kalmar da ake rubuta maki da ita. Wasan tseren mota ne aka sa wa rigar haraji. Wani kuma ya yi folda da sunan da ba a gani, fili kawai kamar babu komai, ya cusa kati da dara a ciki. Tun daga ranar ban ƙara yarda da sunan fayil ba. Girma nake dubawa, da wutsiyar sunan, da maƙwabtansa. Kuma ba na goge abu sai na tabbata, domin DEL, kalmar gogewa, ba ta tambayar ka ko ka yi shawara da gida.

Haka na zama mai farautar gem. Manajoji na kirana, akawuna na tsine min. Ina shiga ofis za ka ji ana cewa, "Ga ɗan sandan kwamfuta nan."

Sai shekarar wahala ta zo. Naira ta faɗi, kayan gyara suka gagara, abin da ake sayowa daga waje ya koma sai dai a ji labari. Masana'antun Kakuri suka shiga rage ma'aikata. Kullum da safe za ka ga mutane tsaye a bakin get ba a bar su sun shiga ba. A irin wannan shekara ba sai ka yi sata za a kore ka ba, tari ma in ka yi da ƙarfi ya isa.

A shekarar ne Oga Fidelis ya tura ni wani kamfanin yin bokiti da kwanon roba. Kwamfuta guda gare su, a wani ɗaki mai sanyin esi da labule, sai ka cire takalmi kafin ka shiga. Wani Bature ne ya zo daga Legas ya haɗa musu ita, ya koma ƙasarsu. Manajan ofis ɗin shi ne Mista Pam, mutumin Filato, dogo, ba ya rabuwa da taye ko ana zafin da kwalta ke narkewa. Mai aiki da na'urar kuwa Maman Ladi ce, tsohuwar mai buga tafireta, 'yar wajenmu, tana zaune a unguwar Nasarawa da 'ya'yanta. Makullin ɗakin a hannunta yake.

Mista Pam ya ce min ya shiga ɗakin lokacin hutun rana ya tarar da wani akawu, Ɗanjuma, yana wasa da maciji. Gem ne na wani maciji da ke yawo a allo yana cin ɗigo, yana ƙara tsawo, na'ura tana yin tit-tit. Ya ce in nemo shi in kashe.

Na same shi can ƙasa, folda cikin folda, a ƙarƙashin manhajar lissafin kamfani. Na goge. Na nuna wa Mista Pam wurin babu komai. Ya juya wajen Maman Ladi ya ce, "Madam, ke ce mai makulli. In na sake ganin wannan abu, ke za ki amsa."

Ta ce, "Oga, ni ko kunna shi ban iya ba."

"Ban tambaye ki ko kin iya ba."

Ba a yi wata ba aka sake kirana. Maciji ya dawo, a wurin da yake, daidai da yadda yake. Na kama Ɗanjuma a bayan sito yana cin ƙosai.

"Ɗanjuma, ina disket ɗin?"

"Wane disket, Injiniya?"

"Wanda kake kwafo macijin da shi. Ba ni, ba zan faɗa wa kowa ba."

Ya lashe yatsa ya ce, "Wallahi ni ban taɓa sa shi ba. Samunsa nake yi. Kai ka kashe, ni in leƙa bayan kwana biyu in tarar ya tashi. Ko Li'azaru da ya tashi daga kabari albarka."

"Kana wasa da abincin mata."

"To ni na ce ya tashi? Sanyi nake shiga sha, in na gan shi in gaishe shi."

Ban yarda da shi ba. Na bi teburan ofis ɗin kaf, na tattara duk disket ɗin da na gani, har wanda wani ya sa a ƙarƙashin ƙafar tebur don kar ya yi rawa. Na duba su ɗaya-ɗaya. Babu maciji. Na sake gogewa. Na ce wa Maman Ladi kar ta ƙara barin kowa ya shiga shan sanyi. Ta ɗaura makullin a bakin zaninta, har bayan gida da shi take zuwa. Ta daina fita cin abinci, a bakin ƙofar take zama da kwanonta kamar maigadi.

Maciji ya sake dawowa. Wannan karon Mista Pam da kansa ya gano, domin na koya masa yadda zai leƙa wurin. Ya kira ni, ya kira ta. Bai ɗaga murya ba, kuma da ya ɗaga da ya fi sauƙi. Ya ce hedikwata ta ce a rage mutum a ofis ɗinsa, yana ta tunanin wa zai cire, ga shi an sauƙaƙa masa. Ya ce ƙarshen wata ta miƙa makulli.

Maman Ladi ba ta yi kuka ba. Ta ce, "Oga, tun kamfanin nan yana rumfa nake buga muku takarda. A kan maciji?"

"A kan rashin riƙon amana."

Da muka fito ta tare ni a baranda. "Ayuba, kai ɗan'uwana ne. Gaya min gaskiya, kana goge abin nan ko kana rufe shi da tabarma ne?"

"Mama, ina gogewa."

"To wa ke dawo da shi? Aljanu?"

Na koma shago na gaya wa Oga Fidelis, ya ce in canza faifan ciki. Na ce da wane faifan, ana samunsa ne? Ya ce to in daina damunsa, matsalar kamfani ce. Na kwance na'urar na duba, na hure, na mayar. Na binciki fayil ɗin da ke tashi da na'ura ko an sa masa umarnin kwafowa. Babu. Na yi duk abin da ke cikin littafin Oga, har da abin da ba ya ciki.

Ana saura 'yan kwanaki wata ya ƙare, na je gyara musu firinta, ribon ɗinta mai tawada ya tsinke kuma sabo ya gagara, sai ɗinki. Da na isa na leƙa ramin macijin, don ya zame min jiki. Babu komai. Ina cikin ɗinkin ribon, Maman Ladi tana shigar da lissafi, sai aka ɗauke wuta. Da can janareta ke karɓa nan take, amma a shekarar ya lalace, an rasa kayansa. Da wuta ta dawo, manhajar lissafi ta ƙi buɗewa. Na miƙe zan duba, sai Maman Ladi ta ce, "Bar shi, wannan ba naka ba ne. Na Oga ne." Ta je ta kira shi.

Mista Pam ya shigo rungume da wani akwatin roba mai ruwan toka. Ya ce, "Ayuba, ɗan jira a waje."

"Oga, ai gyara ne. Aikina ke nan."

"Wannan sirrin kamfani ne. Waje."

Na sa takalmina na fita. Ta tagar ƙofa ina hango su. Ya buɗe akwati, yana zaro disket ɗaya bayan ɗaya da yatsa biyu kamar mai raba jibin Ubangiji a coci, yana miƙa mata, tana sawa, tana cirewa, yana mayarwa. Masinja ya gaya min ai haka ake yi duk lokacin da wuta ta lalata lissafi. Baturen ne ya bar akwatin, ya ce in na'ura ta rikice a sa su bi da bi, komai zai koma yadda ya haɗa shi ranar farko. A cikin sef ɗin manaja yake kwana, tare da takardun fili. Ba a taɓa gaya min ba, domin ni ɗan waje ne. Kuma tun da janareta ya mutu, kusan kowane mako sai an fito da shi.

Komai zai koma yadda ya haɗa shi ranar farko. Da suka gama na cire takalmi na shiga, ban nemi izini ba. Na buga CD, na sake bugawa, na buga DIR. Ga shi nan kwance.

Na ce, "Oga, zo ka ga baƙonka."

Ya leƙa. Ya juya ga Maman Ladi. "A gabana ma?"

"Oga, a gabanka me? Abin da ka miƙo min na sa."

Na ce, "Da safen nan babu shi, na duba. Ba wanda ya shiga sai ku biyu. A cikin akwatinka yake."

Kamar na zagi mahaifinsa. "Ka san abin da kake faɗa? Wannan orijina ne. Daga Ingila ya zo. Bature zai bar ƙasarsu ya hau jirgi ya zo Kakuri don ya sa mana maciji?"

"Ban san abin da ya hau ba. Ba ni disket ɗin in nuna maka."

"Ba ka taɓa su."

"To kar in taɓa. Zan goge macijin yanzu, kana kallo. Mama ta fita waje, ta bar makulli a tebur. Ni in tsaya a bakin ƙofa, hannuna a baya. Kai ka sa su da hannunka. In bai dawo ba, ka kore ta yau, ka gaya wa Oga Fidelis kar ya sake turo ni."

Maman Ladi ta harare ni. "Ayuba, da aikina kake caca?"

"Mama, aikin da ya rage kwana nawa?"

Ta kwance makullin daga bakin zani, ta dangwarar a tebur, ta fita.

Mista Pam bai taɓa sa disket da hannunsa ba. Na farko ya sa shi a kife. Daga bakin ƙofa nake gaya masa, juya, tura, rufe marfin, danna wancan. Gumi ya jiƙa masa wuyan riga duk da esi. Ma'aikata suka taru a baranda, Ɗanjuma a gaba, yana cewa, "A yi masa addu'a, jama'a, yau Oga ke tiyata." Da ya gama na ƙarshe, na karanta masa abin da zai buga, harafi-harafi. Ya buga. Ya daɗe yana kallon allon. Sannan, ban san me ya kai shi ba, ya buga sunan abin ya danna. Na'ura ta ce tit-tit. Maciji ya fito yana yawo, ya je ya daki bango ya mutu.

Daga baranda Ɗanjuma ya ce, "Oga, hagu ake fara yi."

Mista Pam ya gyara taye. Ya mayar da disket cikin akwati ya rufe. Ya ɗauki makulli ya fito ya miƙa wa Maman Ladi, bai kalli idonta ba. Ya ce, "Madam, koma bakin aikinki. Maganar ƙarshen wata, a bar ta." Ba haƙuri, ba komai. Ita ma ba ta ce na gode ba. Ta ɗaura makullinta, ta cire silifa, ta wuce ciki. A kujerar nan ta zauna har ta yi ritaya.

Ni kuma na ce, to Oga, tunda an gane, abu mai sauƙi ne. A ba ni akwatin in yi sabon kwafi wanda babu maciji, a ajiye tsohon a sef, shi ke nan an huta.

Ya dube ni sama da ƙasa. "Ka cire wani abu daga cikin orijina?"

"Gem ne kawai, Oga. Wataƙila da shi ya gwada na'urar, ya manta."

"Bature ba ya mantuwa. In shi ya sa, akwai amfaninsa. Ka sani ko shi ke riƙe da lissafin? Ka lura tun da ka fara goge shi na'urar nan ba ta zauna lafiya ba?"

"Oga, wuta ce ake ɗaukewa!"

"Ayuba, na gama magana. Daga yau kar ka sake taɓa macijin nan."

Na tattara sukudireba da gwangwanina. Wata da watanni ina taka keke a rana, ina bin ramuka, ina faɗa da akawuna, mace ta kusa rasa abincin 'ya'yanta, ƙarshenta ni ne mai laifin taɓa kayan Bature. Washegari ya sa aka manna sanarwa a ƙofar ɗakin, cewa duk wanda aka kama yana wasa da macijin za a kore shi, duk wanda aka kama ya goge shi ma za a kore shi. Daga nan kuma, duk zuwan da zan yi sabis, kafin ya sa hannu a sallame ni, sai ya tsaya a kaina na buɗe foldar na nuna masa macijin yana nan lafiya.